Gaisuwar da Ta Dawo da Sarauta Gidanmu

Kwanakin baya ina zaune a rumfata a kasuwar Haɗejia, inda nake sayar da taru da ƙugiya da igiya, sai na ji ana wani shiri a rediyo kan wani gidan sarauta na ƙasar Ingila. Ba gidan sarkin ƙasar ba, gida ne dai na manyan hakimansu, wanda sarauta ɗaya take yawo a cikinsa tun kaka da kakanni. Mai shirin yana ta jero su, wane na farko, wane na biyu, kowa da lambarsa kamar motocin haya. Ban mai da hankali ba sai da ya zo kan wanda aka ƙwace sarautar daga hannunsa saboda laifin da ya yi, gidan ya zauna shekara da shekaru wayam, kafin daga baya a mayar wa zuriyarsa. Nan na ajiye tarun da nake ɗaurewa na yi dariya ni kaɗai. Ashe har Turawa sun san wannan ciwon. Mu ma gidanmu an taɓa yi mana haka, kuma a bakin kakata na fara jin labarin.

Ƙauyenmu yana gaba da Guri kaɗan, a bakin wani tafki da ake kira Tafkin Marke. Idan kogi ya cika da damina yakan yi ambaliya ya shiga tafkin da ƙananan kifaye, in ya janye ya bar su a nan su girma. Daga ranar da ruwa ya janye ake rufe tafkin, ba mai jefa ko ƙugiya, sai bazara ta yi a sa ranar su, wato ranar kamun kifi na gayya, kowa ya shiga lokaci ɗaya. Mai rufewa da buɗewa shi ne Sarkin Ruwa, kuma sarautar ta gidanmu ce.

Kakata ta wajen uba sunanta Fanna, sana'arta bandar kifi. A bayan ɗakinta akwai dogon murhun banda na ƙasa, da raga a samansa, inda take jera tarwaɗa a lanƙwashe. Wutar banda ba a barinta ita kaɗai, in ta tashi ta ƙona kifi, in ta mutu kifi ya lalace, don haka da an idar da sallar isha'i Kaka take jawo kujerarta ta tsugunno ta zauna gadi. Mu kuma jikoki mu kewaye ta, don hayaƙin yana korar sauro, kuma wanda ya iya zama kusa yakan samu kan kifin da ya karye. Har yau in na ji ƙamshin banda a kasuwa sai na ji kewarta ta taso mini.

Ni take kira angonta, ƙanena Bukar kuma ta ce masa ɗan fashi, saboda shi ba ya jiran a ba shi. Tatsuniyoyi kam ta iya su, amma akwai labari ɗaya da ba ta yarda a kira shi tatsuniya.

"Yau ba ga ta nan ba ce," takan ce, tana zungura wuta da kara. "Kada wanda ya ce mini ta zo mu ji ta. Ta riga ta zo, a kanta kuke zaune."

Takan fara ne daga Mai Gora, wanda ya kafa gidan. Daga gabas ya zo, daga bakin tafkin Chadi, da matarsa da wata ƙatuwar gora irin wadda masunta suke kifa ciki a kai su yi yawo a ruwa mai zurfi. Ya tarar da mutanen wurin suna kwashe kifi tun yana ɗan yatsa, rani ya yi su koma cin miyar kuka zalla. Shi ya ce a rufe tafkin a gwada shekara ɗaya. Aka yi masa dariya, amma aka gwada, da bazara ta yi aka fitar da kifin da ba a taɓa gani ba. Bulama, wato mai garin, da dattawa suka naɗa shi Sarkin Ruwa, gorarsa ta zama alamar sarautar. Duk gidan da aka rataye ta a zaurensa, nan sarautar take.

Bayansa sai ɗansa Dogo. Shi ne ya fi kowa daɗewa, amma Kaka da numfashi ɗaya take wuce shi. Bukar ya taɓa tambayarta me Dogo ya yi.

"Bai yi komai ba, ɗan fashi. Ya rufe, ya buɗe, aka ci kifi, ya mutu. Allah ya ba ku irin wannan rashin labari."

Na uku shi ne wanda ake ce wa Mai Kunya. A nan Kaka takan sassauta murya, don uban mijinta ne, kuma ta ce ba a taɓa yin mutumin kirki irinsa a garin ba. Ba ya iya kallon mutum ya ce masa a'a. Wata shekara, tafki yana rufe, surukinsa ya yi baƙi daga Kaugama, ya zo da kansa ya ce yana son kifi ko kaɗan ne ya fita kunya. Mai Kunya ya sunkuyar da kai. Ina aka taɓa jin mutum ya hana uban matarsa abu? Bai ce a shiga ba, bai ce kada a shiga ba, ya dai juya baya yana kallon gabas, tsohon ya jefa komarsa ta kamun kifi ya cika ƙwarya ya tafi. Washegari maƙwabcin tsohon ya zo, shi ma an yi masa haihuwa. Jibi wani ya zo. Wanda ya bar suruki ya shiga da wane baki zai hana liman? Kafin sanyi ya wuce an tsefe tafkin tas. Ranar su gari ya fito da kiɗa, aka shiga ruwa aka fito da kwaɗi da laka.

Dattawa ba su yi masa faɗa ba, in ji Kaka, da ma sun yi da ya fi sauƙi. Aikowa kawai aka yi aka sauke gorar daga zaurensa da rana tsaka, aka ratsa gari da ita zuwa gidan wani masunci mai suna Gambo. Mai Kunya bai ƙara zama a dandali ba har Allah ya karɓi ransa. Ƙusar da ake rataye gorar ta zauna a bangon zaure ba komai a jikinta, kuma ba wanda ya yi ƙarfin halin cire ta.

"Gambo fa ba na huɗu ba ne," Kaka takan ce, tana nuna mu da kara ɗaya bayan ɗaya. "Riƙon ƙwarya ya yi mana. Mutumin kirki ne, Allah ya jiƙansa, amma ba ma ƙirga shi."

Ɗan Mai Kunya shi ne kakanmu Habu, mijin Kaka, ko da yake ita ba ta taɓa kama sunansa ba, sai dai ta ce kakanku. Da gori ya tashi. In yara suna wasa a bakin ruwa ya ce kada a taɓa masa abu, sai a ce, "Ku ɗauka, ɗan Mai Kunya ne, juya baya zai yi." Ya girma shiru-shiru, ga ladabi kamar ubansa, har mutane suna cewa barewa ba ta gudu ɗanta ya yi rarrafe, kuma ba yabo suke nufi ba. Da Gambo ya tsufa ƙafa ta gaza, ya nemi saurayin da zai riƙa zama a bakin tafki yana gadi. Aiki ne na sauro da baƙin jini, kowa ya zille, Habu ya ce zai yi. Gari ya sha dariya. Aka ce an ba kura ajiyar nama ma ya fi wannan, don kura ita kaɗai za ta ci.

A shekarar ne Kaka ta haifi ɗanta na fari, wato babanmu. Shi ma ba ta kama sunansa, sai ta ce "yaron nan". Ta je wankan jego gidan iyayenta a can ƙarshen gari, haihuwar kuwa ta zo mata da wuya, ta rame, nono ya ƙi zuwa sosai. A al'adar mutanenmu, uban mai jego shi yake kawo kifin romo, kuma abin kunya ne a ce 'yar masunci ta yi jego ba romon tarwaɗa. Ga shi shekarar kogi ya janye da wuri, ba a samun komai a cikinsa. Kifi ɗaya ne a ƙasar, yana cikin Tafkin Marke, kuma tafki yana rufe.

Mahaifinta, Baba Modu, mutum ne mai zafi, wanda ko Bulama yana lallaɓa shi. Ya dubi 'yarsa kwance, ya ɗauki komarsa ya saɓa. Matarsa ta ce, "Malam, ai a rufe yake." Ya ce, "Wa yake gadi? Ba mijinta ba ne? Ɗansa ne yake kuka."

Tafkin Marke hanyar shiga ɗaya gare shi. Ko'ina laka ce mai haɗiye mutum har ƙugu, sai wata 'yar siririyar turba tsakanin itatuwan marke biyu, wadda mutum biyu ba sa jerawa a kanta. Kakanmu yana can da sassafe ya hango surukinsa tafe da koma. Ya san abin da ya kawo shi. Ya kuma san cewa bakinsa ba zai iya furta a'a ga wannan tsohon ba, ko da za a yanka shi. A nan Kaka takan dakata ta juya kifi a kan raga, da gangan, sai mun yi ta magiya.

Abin da ya yi shi ne, ya tuɓe takalmansa, ya je tsakiyar turbar daidai tsakanin itatuwan, ya tsugunna, ya sunkuyar da kai.

"Baba, barka da asuba."

"Yauwa, barka kadai."

"An tashi lafiya?"

"Lafiya lau."

"Ina gajiya?"

"Ba gajiya."

"Ya mutanen gida?"

"Suna lafiya. To, madalla."

Kaka tana yin muryoyin duka biyu, ta kakanmu ƙasa-ƙasa, ta ubanta kamar ana jan turmi. Ta ce kowa ya san in babba ya ce madalla gaisuwa ta ƙare, yaro ya tashi ya ba da hanya. Kakanmu bai tashi ba. Ya tambayi shanu. Ya tambayi jaki. Ya tambayi geron da aka girbe da wanda tsuntsu ya ci. Ya tambayi 'yan'uwan Baba Modu na Miga, ɗaya bayan ɗaya, har da wata gwaggo da ta daɗe da rasuwa, ya yi ta'aziyyarta sabuwa. Tsoho kuwa dole ya amsa, don ba a gaishe ka ka yi shiru. Kuma ba a tsallake mutum, balle wanda ya tsugunna yana girmama ka. Dama laka, hagu laka.

"To, madalla. Allah ya yi albarka. Yaro, hanya."

Kakanmu ya ƙara sunkuyar da kai har gemunsa yana taɓa gwiwa.

"Baba, ya ƙafar da take ciwo?"

A nan mukan fashe da dariya har Bukar ya faɗi a ƙasa, ko da mun ji labarin sau nawa. Da tambayoyi suka ƙare, sai ya koma farko, ina gajiya. Rana ta ɗaga. Mata masu zuwa ɗibar ruwa suka taru daga nesa, suna toshe baki da gefen zane. Sauro ya rufe masa wuya bai kore shi ba, ƙafafunsa suka mutu a ƙarƙashinsa, gumi yana ɗiga daga haɓarsa, bai ɗaga ido ya dubi tsohon ba ko sau ɗaya, kuma bai ambaci kifi ba. Shi ma tsohon bai ambata ba. Daga ƙarshe Baba Modu ya sauke komar daga kafaɗa, ya daɗe yana kallon ƙeyar surukinsa, ya juya ya tafi. Sai da aka zo aka ɗaga kakanmu, don ya kasa miƙewa da kansa.

Kaka tana kwance ta ji an wurgar da koma a tsakar gida. Ta ji ubanta yana ce wa uwarta, "Ashe kututture na ba wa 'yata." Da ta fahimci abin da ya faru, ta ce kuka ta yi, kuma har ta tsufa ba ta san ko na haushi ne ko na murna ba.

"An ce mai haƙuri yakan dafa dutse ya sha romonsa," in ji ta. "To ni romon dutsen na sha, angona. Ni aka hana kifi, shi aka yi wa kirari."

Da yamma kakanmu ya aiko da zabbi biyu da ya kamo a daji. Baba Modu ya ce a mayar, uwar Kaka ta ce to, ta zagaya bayan ɗaki ta yanka. Da su Kaka ta farfaɗo. Amma tsohon ya yi fushi na gaske. Ranar suna bai zauna cikin taro ba, kuma duk ranin nan in kakanmu ya gaishe shi sai ya ce, "Ka riƙe gaisuwarka, na ƙoshi." Sai dai labarin ya riga ya zaga gari, kuma tun daga ranar ba wanda ya ƙara dosar turbar nan da koma.

Ranar su ta shekarar, Kaka ta ce, tsofaffi sun rantse rabonsu da ganin irinta tun zamanin Dogo. Tarwaɗa sai mutum biyu sun kama, karfasa har ana barin ta wa yara. Itacen banda ya ƙare a gari, aka koma fasa tsofaffin dangogi. Masu saye suka zo daga Haɗejia da jakuna suka kasa kwashewa.

Da damina ta faɗi Gambo ya rasu. Aka taru a zauren Bulama don a zaɓi wanda zai gaje shi. 'Ya'yansa suna so, kuma suna da magoya baya. Da wani ya ambaci Habu, sai aka ce a'a, an gwada gidan nan an gani, jini ba ya ƙarya. Baba Modu yana gefe, kowa ya ɗauka in zai yi magana suka zai yi. Ya gyara murya.

"Ni ne uban matarsa," ya ce. "'Yata tana kwance, ɗansa yana kuka, na je da kaina. Ya tsare ni a rana har hantsi bai bar ni na taɓa ruwa ba, kuma bai faɗa mini kalma ɗaya da zan kai ƙararsa ba. Har yau haushinsa nake ji. To yaron da ya hana ni, a cikinku wa zai bari?"

Nan taro ya tsaya a kan Habu. A ranar aka sauke gorar daga zauren Gambo, aka biyo da ita ta hanyar da ta tafi. In Kaka ta zo nan takan miƙe tsaye, tsohuwa da ita, ta nuna mana yadda ta fito da goyo a baya ta rangaɗa guɗa har muryarta ta dushe. Aka rataye gorar a ƙusar nan da ta yi tsatsa tana jira. Uwar kakanmu, matar Mai Kunya, tana da rai a lokacin, ido ya tafi. Ta ce a kai ta zaure, ta shafa gorar da hannu biyu, ta ce yanzu kam ko yau mutuwa ta zo ta shirya. Mutanen gari kuwa suka laƙaba wa sabon sarki suna Ina Gajiya, kuma da shi aka san shi har ya bar duniya.

"Ba zan ce ƙurunƙus ba," Kaka takan ce, tana rufe wuta da toka. "Yaron nan yana riƙe da ita yanzu, bayansa kuma ɗayanku ne. Ku tashi ku ba ni wuri, kun cinye mini kawunan kifi."

Ina yaro, abin dariya kawai nake ji a labarin. Sai da babanmu ya rasu, bayan ya riƙe sarautar lafiya ya sauke lafiya, sannan na gane da ni Kaka take. Dattawa suka zo mini, don ni ne babba. Ba zan ɓoye ba, na so ta. Wa zai ƙi a ce da shi Sarki? Amma na san kaina. Babur ɗina ba ya kwana a gida saboda aro. Rumfata ta zama wurin ajiyar kayan kowa. Fuskar Mai Kunya gare ni, kuma ba ni da gwiwar da zan tsugunna har hantsi. Ga zamani ya ƙara wuya, ciyawar kachalla ta cinye rabin ruwa, masu kamu da gidan sauro suna kwashe har ƙwai, kuma kowannensu yana da wani babba a bayansa. Na ce wa dattawa su ba Bukar. Wasu suka ce tsoro ne, wasu suka ce an yi mini asiri. Na bar su, don ni kam ba zan tsaya a ratsa gari da gorar gidanmu a zamanina ba.

Aka naɗa Bukar, ɗan fashin Kaka, na shida a gidan. Bara, tafki yana rufe, surukina ya kira ni. Zai aurar da 'yar autarsa, yana son in yi wa Sarki magana a bar yaransa su jefa taru sau ɗaya tak, da asuba, ba wanda zai gani. Na sunkuyar da kai na ce to, Baba. Me kuma zan ce? Na hau mota na tafi gida, na samu Bukar a zaure yana gyaran koma. Na cire takalmi na gaishe shi yadda ake gaida Sarki, yaron da na goya a bayana, na faɗa masa abin da ya kawo ni. Ya saurare ni har na gama.

"Yaya, ka isar da saƙo," ya ce. "A'a. Ka ce masa ni na hana, kai ka yi iya ƙoƙarinka. Ka zauna a kawo maka fura."

Na zauna na sha furar nan har na nemi ƙari. Tunda nake a duniya ba a taɓa hana ni abu na ji daɗi irin na ranar ba.